Malam Muhammadu Bakatsine, masanin taurari

A ƙasar Magariya da Dungas, manoma sun san sama kamar yadda suka san gonakinsu. Sun san Kaza da ƴaƴanta, sun san Zara matar wata, sun san Gamzaki mai fitowa da asuba. Amma kaɗan ne suka ji labarin wani malami na ƙasar Hausa wanda ya rubuta littafi a kan taurari tun kusan shekara 300 da suka wuce.

Sunansa Muhammadu ɗan Muhammadu. Bafillace ne. An haife shi a ƙasar Katsina, yamma da Magariya. A zamaninsa Katsina birnin malamai ne da fatake. Ayari yana zuwa daga Agadas da Barno, ɗauke da gishiri da tufafi da littattafai.

Muhammadu ya yi karatun allo kamar kowane yaro. Da ya sauke Alƙur'ani, sai ya shiga karatun ilimi. Ya koyi Larabci da fiƙihu da lissafi. Cikin malamansa akwai Muhammadu Alwali, mutumin Bagarmi, da Muhammadu Bindu. Abin da ya fi jan hankalinsa shi ne ƙidaya da tafiyar taurari.

Wajen shekara ta 1730 ya tafi aikin hajji. A lokacin babu mota, babu jirgin sama. Tafiyar ƙasa ce, ta watanni da yawa, cikin rana da ƙishirwa. Bayan ya sauke farali, ya zauna a Alƙahira, babban birnin Misira, inda masallacin Azhar yake.

A shekara ta 1732 ya rubuta littafi a kan hatimi. Hatimi zane ne mai gidaje, kowane gida da lambarsa. Ga mafi sauƙinsa, mai gida 9:

4  9  2
3  5  7
8  1  6

In an tara lambobin a kwance, ko a tsaye, ko daga kusurwa zuwa kusurwa, kullum 15 za a samu. Malam Muhammadu ya nuna hanyar shirya irin wannan zane, ƙanana da manya. Masu lissafi na zamani sun yi nazarin hanyar tasa.

Littafinsa na taurari sunansa Durrul Manzumi. Akwai wani tsohon littafi mai wuya na Shaihu Fakhruddini Razi. Shi ne Malam Muhammadu ya taƙaita, ya tsara shi, don masu karatu su gane.

A wancan zamani ilimin taurari yana gauraye da duba da sha'anin asiri, kuma littafin nasa haka yake. Yau an raba su. Masana suna auna taurari da madubin hangen nesa da lissafi. Sun tabbatar Zara da Gamzaki abu ɗaya ne, duniya ce mai zagaya rana kamar tamu. A 1961 Yuri Gagarin na Rasha ya zagaya duniya cikin kumbo. A 1969 Nil Amstron na Amurka ya taka wata. Da lissafi aka kai su, da lissafi aka dawo da su.

A Alƙahira Malam Muhammadu ya sauka gidan Shaihu Hasan Jabarti, wanda shi ma masanin falaki ne. Baƙo da maigida suka zama aminai, har Shaihu Hasan ya yi karatu a wurinsa. A gidan ne Allah ya yi wa Malam Muhammadu rasuwa, a shekara ta 1741. Ya bar wa amininsa littattafansa. Can aka binne shi, nesa da Katsina.

Daga baya ɗan Shaihu Hasan, Abdurrahman Jabarti, ya rubuta tarihin Misira, ya sa sunan Bakatsinen a ciki. Da bai yi rubutu ba, da ba a yi rubutu a kansa ba, da tuni an manta da shi. Abin da aka rubuta shi ke daɗewa.

Tambayoyi
1. Ina aka haifi Malam Muhammadu, ina ya rasu?
2. Ku tara lambobin hatimin nan ta kowace hanya. Nawa kuka samu?
3. Ku tambayi tsofaffin garinku sunayen taurari uku, ku rubuta su.