Charlie Chaplin: Makaɗin Fim da Bai Karanci Kiɗa ba

An haifi Charles Spencer Chaplin a birnin Landan ranar 16 ga Afrilu, 1889. Iyayensa mawaƙan dandamali ne, amma talauci ya hana shi zurfin karatu. Duniya ta san shi da barkwanci, sai dai ba kowa ya san cewa shi ke tsara kiɗa da sautin fina-finansa ba. Da kunne ya koyi fiyano da gogen Turawa, kuma da yake bahago ne, sai da aka juya masa tsirkiyoyin gogen. Har ya bar duniya bai iya karanta rubutun kiɗa ba.

Bayyanar fim mai magana a 1927 ta jefa sana'arsa cikin haɗari, domin tauraronsa, wato ɗan yawon nan mai sanda da malafa, da motsin jiki yake isar da saƙo ga kowace al'umma. Chaplin ya karɓi sauti, amma ya ƙi magana. A City Lights na 1931, ya maye gurbin jawabin manyan gari da wata ƙara mai kama da kukan agwagwa, ya kuma gina fitowa guda a kan usur da tauraron ya haɗiye. A Modern Times na 1936, kusan duk maganar da ake ji daga na'ura take fitowa, kamar rediyo da garmaho, abin da ya ƙarfafa jigon danniyar inji a kan ɗan Adam.

Hanyar aikinsa ita ce ya rera karin da baki ko ya taɓa shi a fiyano, ƙwararru irin su Arthur Johnston da David Raksin su rubuta, shi kuma ya yi ta gyara har sai ya dace da hoton. Wannan ya haifar da muhawara a kan wane ne mai kiɗan na haƙiƙa, tambayar da manazarta waƙar baka suka saba da irinta. Raksin dai ya tabbatar da cewa Chaplin ne tushen karin kuma mai yanke hukunci. Duk da haka, ya sha kaye a shari'ar da José Padilla ya kai shi saboda amfani da karin La Violetera a City Lights ba tare da ambaton mai shi ba.

A 1952 gwamnatin Amurka ta soke izininsa na komawa ƙasar, ya koma Suwizalan da zama. Fim ɗinsa Limelight na wannan shekara bai samu nunawa a Los Angeles ba sai 1972, don haka sai a 1973 kiɗansa ya ci kyautar Oscar, tare da Raymond Rasch da Larry Russell. Ita ce kaɗai Oscar da ya samu ta hanyar gasa. Ya ƙarasa rayuwarsa yana sanya wa tsofaffin fina-finansa kiɗa, ya rasu ranar 25 ga Disamba, 1977.