Richard Arkwright, Wanzami Mai Injin Kaɗi

Idan ka koma gida yau, ka tambayi kakarka ko tana da mazari a ajiye. Watakila ta ɗauko maka shi daga ƙarƙashin gado, tare da taskira da bakan shiɓa. A zamanin iyayenta, da wuya mutum ya shiga gida a Anka ko Gummi ko Bukkuyum bai tarad da mace tana kaɗi ba. Auduga, wadda mu ke kira kaɗa a nan wajenmu, sai an gurza ta an fid da angurya, a shiɓe ta, sa'an nan mace ta zauna, ta shafa alli a yatsu, ta yi ta murza mazari. Takan yi kwana da kwanaki kafin ta tara zaren da zai isa zane ɗaya. Shi ya sa tufa ta ke da tsada a dā.

Haka abin ya ke ko'ina cikin duniya, har Ingila, shekara ɗari uku da suka wuce. Mata suna kaɗi a ɗakunansu, maza suna saƙa. Wannan labarin mutumin da ya fid da kaɗi daga ɗakin mata ne, ya kai shi gidan inji. Sunansa Richard Arkwright, amma da ya ke sunan yana da nauyi a bakinmu, za mu riƙa kiransa Akarait.

An haife shi a garin Preston, cikin lardin Lancashire, a arewacin Ingila, ran 23 ga watan Disamba, 1732. Ubansa tela ne, talaka, ga 'ya'ya har goma sha uku, Akarait shi ne auta. Ba su da halin sa shi makaranta. Wata 'yar'uwarsa ce ta koya masa ɗan karatu da rubutu a gida. Da ya tasa, aka kai shi wurin wani wanzami ya koyi aski, daga baya ya koma garin Bolton ya buɗe rumfarsa.

A zamanin nan manyan Ingila suna sa wata irin hula wadda a ke saƙawa da gashin mutum, wanzamai kuwa su ke yin ta. Sai Akarait ya shiga yawo ƙauye ƙauye yana sayen gashi, yana rinawa. Duk gidan da ya shiga kuka ɗaya ya ke ji, watau zare ya yi ƙaranci. Dalili kuwa, tun 1733 wani mutum ya ƙago wata irin ƙoshiya mai gudu, saƙa ta ƙara sauri, amma kaɗi yana nan yadda ya ke. Masaƙi ɗaya sai ya cinye zaren mata da yawa, ya zauna hannu rabbana yana jira. Ga kuma wata wahalar. Ka san masaƙanmu suna neman zare mai ƙarfi don tsaye, abawa don kwance. To, zaren audugan matan Ingila ba shi da ƙarfin da zai yi tsaye, sai su haɗa da zaren wata ciyawa mai kama da rama. Akarait ya lura, duk wanda ya sami dabarar yin zare mai ƙarfi da sauri, ya gama da talauci.

Shi ba maƙeri ba ne, ba kuwa masassaƙi ba. Saboda haka cikin 1767 ya haɗa kai da wani mai gyaran agogo, wai shi John Kay. Suka ɓuya cikin wani ɗaki a Preston suna ta ƙira da gwaji. Ana ba da labari cewa maƙwabta da suka riƙa jin wani irin gurnani da dare, har sun zaci tsafi a ke yi a ɗakin.

Ga yadda injin ya ke. Ka tuna da ƙarfen gurza, mulmulalle, dogo. To, a sami irinsa biyu, ɗaya bisa ɗaya, suna juyawa, auduga tana bi ta tsakaninsu. Gaba da su akwai waɗansu biyu masu juyawa da sauri fiye da na farko, gaba kuma waɗansu da suka fi su. Da ya ke na gaba sun fi na baya sauri, sai su riƙa jan audugar tana ƙara siriri, kamar dai yadda mace ta ke jan ta da yatsu. A ƙarshe wani ƙarfe ya murɗe ta, ya naɗe a jikin ƙwarƙwaro. Injin farko zare huɗu ya ke yi gaba ɗaya, na baya kuwa har casa'in da shida. Zaren kuma ya fito da ƙarfi, ya isa tsaye.

Akarait ya san masu kaɗi da hannu ba za su so wannan abu ba, don sun riga sun farfasa injunan wani mai suna Hargreaves a lardin nan. Sai ya ƙaura zuwa Nottingham. Cikin 1769 hukuma ta ba shi takardar da ta hana kowa kwaikwayon injinsa har shekara goma sha huɗu, sai da izninsa. Ba shi da kuɗi, amma ya iya baki. Ya shawo kan waɗansu attajirai biyu masu saƙa safa, Samuel Need da Jedediah Strutt, suka zuba dukiyarsu. Da fari dawaki ke juya injunan, amma doki yana gajiya, yana kuma cin hatsi.

Cikin 1771 suka tafi wani ɗan ƙauye cikin duwatsu, sunansa Cromford, inda akwai ruwa mai gudu rani da damina. Akarait ya gina gida mai hawa biyar, ya kafa wata babbar ƙafa ta katako wadda ruwa ke juyawa, ita kuma ta juya dukan injunan da ke ciki. Ruwa ba ya barci, saboda haka injin ma ba ya barci. Aka riƙa aiki dare da rana, matafiya na tsayawa suna kallon tagogin suna haske da fitilu cikin duhu. Cikin 1774 majalisar Ingila ta sassauta dokar da ta takura wa tufar auduga zalla, ciniki ya buɗe. Shekara guda bayan haka ya karɓi takarda ta biyu saboda injin shiɓa. Daga nan auduga sai ta shiga ta wannan ƙofa, ta fita ta waccan ta zama zare.

Ƙauyen ba shi da mutane isassu, sai ya yi shela yana neman magidanta masu 'ya'ya da yawa. Ya gina musu gidaje na dutse a jere, ya kafa kasuwa, wani lokaci har yakan ba da kyautar shanun tatsa ga waɗanda suka fi ƙwazo. Uba ya zauna a bene yana saƙa, uwa da 'ya'ya su tafi gidan inji.

A nan ne ya kamata ka tsaya ka yi tunani, don yaran nan sa'o'inka ne. Tun yaro yana da shekara bakwai a ke ɗaukarsa. Fiye da rabin ma'aikatan Akarait yara ne, don ladansu kaɗan ne, yatsunsu kuma ƙanana, sun fi iya ƙulla zare in ya tsinke. Da ƙarfe biyar na asuba a kaɗa ƙararrawa, ƙarfe shida a rufe ƙofa. Wanda ya makara ya rasa ladan ran nan, a kuma ci shi tara. Sa'a goma sha uku su ke yi a ciki, har da ɗan lokacin cin abinci, in sun fito 'yan dare su shiga. Suna tsaye cikin ƙara da ƙurar auduga, wanda gyangyaɗi ya ɗauke shi kusa da inji yana iya rasa yatsa. Mace mai kaɗi a ɗakinta takan ajiye mazari ta yi salla, ta ba ɗanta nono, ta dawo. A gidan inji ƙararrawa ce mai iko. An ce dai Akarait ya fi waɗansu masu injuna na bayansa tausayi, amma hanyar da ya buɗe suka bi. Sai 1819 aka yi dokar hana ɗaukar yaron da bai kai shekara tara ba a gidajen kaɗi, sai 1833 kuma aka naɗa masu zagayawa su ga ana bin doka.

Akwai kuma waɗansu da suka sha wuya daga nesa. Auduga ba ta fita a Ingila saboda sanyi, a jirgin ruwa a ke kawo ta. Mai yawa daga cikinta bayi ne suka nome ta a tsibiran yammacin teku da ƙasashen Amurka, bayin nan kuwa daga Afirka aka kwashe su.

Masu kaɗi da hannu suka ga abincinsu yana tafiya. Cikin 1779 jama'a suka taru suka ƙone sabon gidan injinsa na Birkacre ƙurmus. Akarait ya tanadi bindigogi a Cromford, amma ba wanda ya zo. Sauran masu injuna kuma suka gaji da biyansa kuɗin izni, aka shiga shari'a. Cikin 1785 a Landan, tsohon abokinsa John Kay ya ba da shaida a kansa, cewa dabarar ƙarafan nan ta wani ce mai suna Thomas Highs, shi ne ya kwashe ta ya kai wa Akarait. Alƙalai suka soke takardarsa ta biyu, ta farko kuwa wa'adinta ya riga ya cika. Har yanzu masana suna gardama a kan wanda ya fara tunanin injin. Abin da ba a gardama a kai shi ne, Akarait ne ya san yadda za a haɗa inji da ruwa da kuɗi da ɗaruruwan mutane su zama aiki ɗaya.

Shari'ar ba ta karya shi ba, don ya riga ya yi nisa. Yana da gidajen inji a Manchesta da wurare da dama, har ƙasar Sikotlan ya sa hannu. Mutum ne mai zafin rai, mai wuyar sha'ani, ba ya hutawa. Kunyar rashin ilmi kuwa ba ta sake shi ba. Yana da shekara hamsin ya riƙa rage barcinsa yana koyon nahawu da gyaran rubutu. Cikin 1786 Sarkin Ingila Joji na Uku ya ba shi lambar girma, shekara ta gaba ya zama babban wakilin Sarki a lardin Derby. Ya fara gina wa kansa wani ƙasaitaccen gida a bakin kogi, gobara ta kama shi kafin a gama. Bai taɓa kwana a ciki ba. Ya rasu ran 3 ga watan Agusta, 1792, yana da shekara hamsin da tara, ya bar dukiya wajen fam dubu ɗari biyar.

Aikinsa bai tsaya a Ingila ba. Cikin 1851 wani Bature matafiyi, Barth, wanda a ke kira Abdulkarim, ya iso Kano. Ya yi mamakin yawan masaƙa da marina, da yadda tufafin Kano ke kaiwa har Tambutu da Tarabulus. Amma a kasuwar nan ya ga farin yadin Manchesta, wanda raƙuma suka ratso Sahara da shi. Bayan zuwan Turawa abin ya ƙaru. Masu injunan Lancashire suka kafa ƙungiya cikin 1902 don neman auduga, ta gina injunan gurza a Zariya da Funtuwa da Gusau. Jirgin ƙasa kuma ya iso Gusau. Manomi ya ɗora kaɗarsa a jaki ya kai kasuwar awo, a gurza ta, a ɗaure, ta tafi Ingila, ta komo mana akoko da atamfa masu araha. Talaka ya sami abin sawa, mazari kuma ya fara komawa ƙarƙashin gado.

Cikin 1957 aka buɗe babbar masaƙa ta farko a Kaduna, daga baya aka yi wata a Gusau, suka ɗauki dubban ma'aikata. Su ma daga bisani yadi mai araha na ƙasashen Asiya da tsadar wuta suka durƙusar da su. Gidan injin Cromford kuwa yana nan tsaye, amma ba a kaɗi a cikinsa. Tun 2001 aka sa shi cikin wuraren tarihi na duniya, 'yan makaranta suna zuwa da malamansu suna kallon inda yara irinsu suka yi aiki.