Fumio Hayasaka: Makaɗin Fina-finan Japan Da Tarin Fuka Ya Ɗauke Yana Tsakiyar Aiki

Idan ana hirar fim, jarumi da darakta ake ambata, shi kuwa wanda ya tsara kiɗan ba kasafai ake tunawa da shi ba. To, a ƙasar Japan akwai mutumin da ya sa dole aka riƙe sunansa, wato Fumio Hayasaka.

An haife shi a birnin Sendai a shekarar 1914, ya tashi a Sapporo da ke arewacin ƙasar. Bai yi makarantar kiɗa ba, da kansa ya koya. A 1939 ya koma Tokiyo, ya kama aiki da kamfanin fina-finai na Toho.

Haɗuwarsa da darakta Akira Kurosawa ce ta fito da shi. Sun fara da fim ɗin Drunken Angel a 1948, inda Toshiro Mifune ya fito a matsayin ɗan daba mai tarin fuka. Abin mamaki, cutar nan ce ke cin Hayasaka shi ma. Daga nan sai Rashomon a 1950, wanda ya ci babbar kyautar bikin fina-finai na Venice a Italiya a 1951, sai Ikiru a 1952, sai Seven Samurai a 1954. Ya kuma yi wa darakta Kenji Mizoguchi kiɗan Ugetsu a 1953.

Shi da Kurosawa ba su yarda kiɗa ya riƙa bin hoto kamar raƙumi da akala ba. Wani lokaci a wurin baƙin ciki sai su sa kiɗan nishaɗi, abin ya ƙara sosa zuciyar mai kallo.

Duk wannan aiki da ciwo a ƙirji ya yi shi. Ranar 15 ga Oktoba, 1955, ya rasu yana da shekara 41, bai ƙarasa kiɗan fim ɗin I Live in Fear ba. Almajirinsa Masaru Sato ne ya kammala, kuma shi ya ci gaba da yi wa Kurosawa kiɗa har zuwa 1965. Wani matashin da ya amfana da shi, Toru Takemitsu, ya sadaukar masa da kiɗan makoki a 1957, daga baya ya zama ɗaya daga cikin manyan masu tsara kiɗa na Japan.