William West: Likitan da ya bayyana wa duniya ciwon ɗansa

A watan Fabrairun 1841, mujallar likitoci ta The Lancet da ke Landan ta buga wata wasiƙa daga wani likita mai neman agajin abokan aikinsa. Mara lafiyar da yake magana a kai jaririnsa ne na cikinsa.

Likitan shi ne William James West, wanda aka haifa a Ingila a ƙarshen ƙarni na 18, ya kuma yi aikin tiyata da haɗa magunguna a garin Tonbridge da ke gundumar Kent.

An haifi ɗansa James Edwin a 1840, kuma yana cikin ƙoshin lafiya har ya kai wata huɗu. Daga nan uban ya lura kan yaron na ɗan rinjayowa gaba lokaci zuwa lokaci. Da farko ya ɗauka wasa ne irin na jarirai.

Sai abin ya tsananta. Kan yaron ya riƙa duƙawa kwatsam zuwa gwiwoyinsa, jikin ya saki, bayan 'yan daƙiƙoƙi ya sake duƙawa, sau 10 zuwa 20 a jere, kuma sau da dama a rana. West ya kuma lura cewa yaron ba shi da kuzarin sa'o'insa, ba ya murmushi, ba ya iya zama da kansa.

Ya gwada duk abin da likitocin zamaninsa suka sani. Ya ɗora masa matsattsaku, ya ba shi maganin wankin ciki, ya tsaga masa dasashi bisa zaton fitar haƙora ce. Babu wanda ya yi amfani.

A Landan ya kai shi wajen manyan likitoci biyu, Charles Clarke da Charles Locock. Clarke ya taɓa ganin irin wannan ciwo, har ya laƙaba masa sunan da ya samo daga kalmar salam, saboda duƙawar ta yi kama da ta mai rusunawa wajen gaisuwa.

West ya rasu a 1848 bai ga maganin ciwon ba. James ya rayu da naƙasar ƙwaƙwalwa, ya mutu a 1860 a gidan kula da naƙasassu na Earlswood yana da shekara 20.

Sai bayan fiye da shekara 100 aka samu ci gaba. A 1952 aka gano irin hargitsin da ciwon ke nunawa a na'urar auna aikin ƙwaƙwalwa, a 1958 kuma aka ga allurar ACTH na tsayar da shi. Daga baya likitoci suka sanya wa cutar sunan West.

A yau an san nau'in farfaɗiya ce da ke kama jarirai galibi kafin su cika shekara. Zaburar kan zo a jere, musamman idan yaro ya farka daga barci, kuma akan ɗauke ta a matsayin firgita ko murɗar ciki.

Likitoci na shawartar iyaye su ɗauki bidiyon motsin da wayarsu, su kai yaron asibiti ba tare da jinkiri ba, domin fara magani da wuri na taimakawa wajen kare ƙwaƙwalwarsa. Alamomin da likita zai duba a bidiyon su ne waɗanda West ya rubuta tun 1841.