Samuel Hearne da Kogin Jan Ƙarfe

A can ƙuryar arewacin Kanada akwai wani kogi mai suna Coppermine, wato kogin ma'adinin jan ƙarfe. Tsawonsa kilomita 845 ne. Ya taso daga tafkin Lac de Gras, ya ratsa ƙasar da sanyi ya hana itatuwa tsiro, sa'an nan ya faɗa tekun Aktik. Baturen da ya fara sa ƙafa a bakinsa shi ne Samuel Hearne.

An haife shi a birnin Landan a 1745. Yana ɗan shekara 11 ya shiga aikin sojan ruwa, a 1766 kuma ya kama aiki da kamfanin Hudson's Bay mai cinikin fatu. Da labarin jan ƙarfe ya iso kagarar Prince of Wales, sai shugabanta Moses Norton ya tura shi nemansa. Sau biyu yana fita yana komowa hannu rabbana. A karo na farko 'yan rakiyarsa suka yashe shi, a na biyu kuwa na'urarsa ta awo ta karye.

A watan Disamba na 1770 ya sake fita tare da Matonabbee, wani jagoran ƙabilar Chipewyan, wanda ya nuna masa cewa tafiyar ba za ta yiwu ba sai da mata masu ɗaukar kaya da ɗinki, kuma sai an bi sawun namun daji. Hearne ya bi shawararsa. A watan Yuli na 1771 suka isa kogin. A nan ne abokan tafiyarsa suka auka wa wasu mutanen Inuit suna barci, suka kashe kimanin 20, shi kuwa ba shi da ikon hanawa. Tun daga nan ake kiran wurin Bloody Falls, wato magangarar jini.

Jan ƙarfen da aka zo dominsa, dunƙule ɗaya tak mai kyau ya samu. Ya kuma yi kuskuren kusan digiri 4 wajen auna matsayin bakin kogin. Amma tafiyarsa ta tabbatar cewa babu wata hanyar ruwa da ta keta nahiyar daga gaɓar Hudson zuwa yamma. Ya komo a ƙarshen Yuni na 1772.

A 1774 ya kafa sansanin Cumberland House, a 1776 ya zama shugaban kagarar Prince of Wales. Da jiragen Faransa suka zo a 1782 ya miƙa wuya ba yaƙi, domin mutanensa ba su kai 40 ba. Da Matonabbee ya ji labari sai ya rataye kansa.

Hearne ya rasu a Landan a 1792, aka buga littafin tafiyarsa a 1795. Garin da ke bakin kogin kuwa, tun 1996 ya koma amsa sunansa na Inuit, Kugluktuk.