Raymond Scott: Makaɗin da ya so na'ura ta tsara kiɗa da kanta

A yau matashi a ɗakin haɗa kiɗa a Kontagora ko Kano kan danna manhajar kwamfuta, nan take ta fitar masa da karin waƙa da kakkauran amon da ke ɗauke da rawa. Tun kafin zuwan irin wannan manhaja, wani Ba'amurke ya sadaukar da rayuwarsa ga wannan buri.

An haifi Raymond Scott a birnin New York a 1908, sunansa na yanka Harry Warnow. Ya yi suna a matsayin makaɗin fiyano da shugaban ƙungiyar makaɗa, har kamfanin Warner Bros. ya riƙa sanya kiɗansa a finafinan zane.

A 1946 ya kafa kamfanin Manhattan Research domin ƙera na'urorin sauti. Mafi shahara cikinsu ita ce Electronium: makaɗi ya murza maɓallai, ita kuma ta ƙago kari da amo. A 1971 Berry Gordy, mai kamfanin Motown, ya ɗauke shi aiki domin inganta ta.

Sai dai Scott ya ɓoye sirrin aikinsa don gudun masu satar fasaha, kuma kullum yana cikin yi wa na'urar gyara, har ba ta taɓa shiga kasuwa ba. Shanyewar jiki ta kama shi a 1987, ya rasu a 1994. Sai a 2000 aka fitar da tarin kiɗansa na lantarki, duniya ta san abin da ya ɓoye.