Aleksei Smirnov: Ɗan Wasan Barkwancin Da Ya Ɓoye Jarumtarsa

A wannan makon mun kawo muku tarihin wani ɗan wasan fim na ƙasar Rasha da mutane da yawa ba su san shi ba. Sunansa Aleksei Smirnov.

An haife shi ranar 28 ga Fabrairu, 1920, a garin Danilov. Yana ƙarami iyayensa suka koma birnin Leningrad. A can ya koyi wasan kwaikwayo, ya gama a 1940. A wannan shekarar ce aka ɗauke shi aikin soja. Da Jamus ta kai wa Tarayyar Sobiyet hari a 1941, sai ya tafi fagen daga. Ya yi bajinta sosai, har aka ba shi lambobin yabo da dama, ciki har da lambar Jan Tauraro. Ya kuma ji rauni a yaƙin.

Bayan yaƙi ya koma wasan kwaikwayo. Shi mutum ne ƙato mai faɗin fuska, saboda haka masu shirya fim suka riƙa ba shi matsayin wawa ko mashayi. A fim ɗin Operatsiya Y na 1965 ya fito a matsayin Fedya, wani tantiri da ya ƙi tashi ya ba mace mai ciki kujera a bas, aka yanke masa hukuncin kwana 15 yana aikin gini. Jama'a sun sha dariya. Amma yawancinsu ba su san cewa wannan da suke yi wa dariya tsohon jarumin yaƙi ba ne, domin ba ya son ba da labarin abin da ya gani a fagen daga.

A 1973 abokinsa Leonid Bikov ya shirya fim a kan matuƙan jiragen yaƙi. Ya ba Smirnov matsayin Makarich, makanikin jirgi mai haƙuri da tausayi, wanda kullum yake tsaye yana jiran dawowar matuƙinsa. A nan ne mutane suka gane ashe ya iya sa su kuka kamar yadda yake sa su dariya.

Smirnov bai taɓa yin aure ba, ya daɗe yana zaune da mahaifiyarsa yana kula da ita. A watan Afrilu 1979 Bikov ya mutu a hatsarin mota. Ko wata ɗaya ba a yi ba, ranar 7 ga Mayu, Smirnov ma ya mutu a Leningrad yana da shekara 59.

Abin da ya taɓa mana zuciya shi ne, mu ma a ajinmu mukan raina mutum saboda siffarsa ko don yana yawan ba mu dariya, alhali ba mu san abin da ya sha a rayuwa ba. Hausawa sun ce ba a sanin maci tuwo sai miya ta ƙare. Mu daina yanke wa mutum hukunci daga ganin fuskarsa.